Ɗakuna Ukun Isyaku Magini

Duk wanda ya zauna a Wudil shekarun baya ya san Isyaku Magini. Ko bai san fuskarsa ba, ya taɓa jingina da bangon da ya gina. Gajere ne kakkaura, siminti ya cinye tafin hannunsa har ba ya jin zafin kofin shayi. Da ginin ƙasa ya fara a Indabo, garin ubansa. Da bulo ya shigo bai tsaya gardama ba, ya koyi jan igiya da riƙon cokalin gini, har ta kai idan mutum ya ce Isyaku ne ya yi masa gini, ba mai ƙara tambayar ko zai kai baɗi. Shekara talatin yana rufa wa mutane asiri, shi kuwa yana zaune da matarsa Murja a ɗakin ƙasa mai yoyo. Gwiwoyinsa sun fara ƙara idan ya taka tsani. Burinsa a duniya ɗaya ne: ya gina ɗakunan haya nasa na kansa, ya daina hawan bangon mutane kafin wata rana a sauko da shi a kan tabarma.

Amma labarin Isyaku ba ya tafiya sai da Muhyiddeen, taubashinsa. Uwar Isyaku da uban Muhyiddeen ciki ɗaya suka fito. Tare aka yi wa yaran kaciya, tare suka koyi iyo a kogi ƙarƙashin gada. Tun suna ƙanana Muhyiddeen ke kiransa "bawana", kamar yadda ɗan namiji kan tsokani ɗan mace, Isyaku kuma ya rama da abin da ya zo bakinsa, a yi dariya a wuce. Sai dai Muhyiddeen ya zama dillali a kara, kasuwar shanu. Ba ya ɗaukar abin da ya fi carbi nauyi, ya sa hannu cikin hannun riga ya yi ciniki, ya dawo da farar shaddarsa ko ɗigon kashin saniya babu. Tun daga lokacin kalmar nan ta fara yi wa Isyaku nauyi a kunne. Yakan yi dariyar dai, amma iyakarta haƙori.

Kakansu ya bar gona a bakin gari, gefen burtalin da shanu ke bi zuwa kara. Da aka raba gado, uban Muhyiddeen ya sami rabon namiji, fili mai zurfi. Uwar Isyaku ta sami rabon mace, wani siririn yanki kusa da shi, gabansa burtali, bayansa kwari. Isyaku bai taɓa cewa ba a yi daidai ba, Musulmi ne, ya san haka Allah ya raba. Amma bai taɓa wucewa ta wurin ba tare da ya auna filayen biyu da ido ba.

Shekarar da soja suka koma bariki aka yi zaɓe, gari ya cika da fastoci da alkawura. Ba a daɗe ba aka buɗe jami'a a Wudil. Nan da nan baƙi suka cika gari, malamai da ma'aikata da ɗalibai, daga Kaduna, daga Gombe, daga Filato, kowa da jakarsa yana neman inda zai sa haƙarƙari. Gonar da ko dawa ba ta yi sai da roƙo ta zama abin nema. Muhyiddeen, da hancinsa ke jin ƙanshin riba tun daga ƙetaren gada, ya sayar da bijimai, ya karɓo takardar izinin gini daga ofishin filaye, ya aika a kira masa bawansa.

Ɗaki takwas Isyaku ya gina masa, jere guda, suka tashi daga ciki suka ƙare a bakin shingen burtali. Kuma wallahi ya yi aikin kamar nasa. Wannan ita ce masifar Isyaku: ko yana jin haushinka ba ya iya karkata maka bango. Kowane bulo ya ɗora sai ya ji kamar daga ƙirjinsa aka ciro, amma ya ɗora shi daidai da igiya.

Ranar da suke haƙa harsashin ɗaki na bakwai, diga ta ci karo da wani abu. Isyaku ya tone da hannu, sai ga dutsen siminti mai kusurwa huɗu da lamba a kansa, irin wanda safiyo ke kafawa. Ya gane shi nan take. Asalin iyakar burtali ke nan. Shingen da kowa ke ɗauka iyaka ba nan aka fara dasa shi ba. Kakansu da maƙwabtansa ne, kowace damina a ƙara kunya ɗaya, a matsar da shinge kaɗan, shanu ba su da bakin ƙara, har aka ci taku ashirin ba wanda ya tuna.

Ya kira Muhyiddeen gefe ya nuna masa. Muhyiddeen ya duba hagu ya duba dama.

"Bawana, me ka gani?"

"Ban ga komai ba," in ji Isyaku.

Ya zuba kankare a kai. Ba wani abin mamaki ya yi ba. Magini yana shiga inda baƙo ba ya shiga, yana ganin tsagar bango da tsagar zaman gida, yana tono layu da tukwane a harsashin mutane. Ƙa'idar sana'ar ita ce abin da ka gani a rami ka bar shi a rami, shi ya sa ake sakin jiki da magini a bar shi da matan gida.

Kafin fenti ya bushe an kama ɗakunan duka. Biyun ƙarshe, na bakin shinge, wani ma'aikacin ɗakin gwaje-gwaje na jami'a ya ɗauka, Malam Zakka, mutumin kudancin Kaduna, da matarsa Hannatu. Mutum ne mai fara'a, ya iya doguwar gaisuwa kamar a Kano aka yanke masa cibi. Hannatu ta shuka gauta a bakin ƙofa, ta saba da Murja har suna musayar miya.

Isyaku kuwa ya shiga wani hali. Hanyarsa ta zuwa aiki ba ta nan take ba, amma kullum sai ƙafa ta kawo shi. Ya tsaya a nasa siririn filin, ya ga hayaƙin girki na tashi daga ƙofa takwas, ya ga Muhyiddeen ya zo a sabon babur ana yi masa sannu da zuwa. Ƙyashi ne, ba wani suna da za a sa masa. Shi ma ya san ƙyashi ne, yakan yi istigfari, kafin ya shafa addu'ar, ƙyashin ya dawo.

Murja ce ta gaji. "Malam, ginin nan da kake zuwa kallo, ba hannunka ne ya yi shi ba? To yi naka mana, ka huta, mu ma mu huta."

Ya tashi tsaye. Ya sa aka zana masa ɗaki shida, an matse su a siririn filin nan har bango na shafar shinge. Ya kai ofishin filaye. Bayan wata biyu takarda ta fito: ba a amince ba. Ginin ya matse burtali, bai bar ratar da doka ta ce a bari ba.

Da a zamanin soja ne, da Isyaku ya naɗe takardarsa ya ce Allah ya sa haka ya fi alheri. Amma yanzu farar hula ke mulki. Rediyo kullum maganar haƙƙin talaka take, kansilan mazaɓarsu ma, Ɗantani, jiya-jiya yake facin keke a bakin tasha. Isyaku ya bi layi ya yi zaɓe, rana ta dake shi, saboda haka yana ganin yana da bakin magana. Kuma ya riga ya yanke wa kansa hukunci cewa siyasa ce. Ai an ga fastar jam'iyya a bangon Muhyiddeen. Bai tsaya tuna cewa a takarda ginin Muhyiddeen ya bar rata ba, a ƙasa ne aka ƙara tsawonsa, kuma shi ya ja igiyar.

Ya je wajen Ɗantani, Ɗantani ya ce akwai kwamitin sauraron koke, a rubuto. Rubutun kuwa da Turanci ake so. Malam Zakka ne ya zaunar da shi a kan benci a ƙofar ɗakinsa, Hannatu ta kawo ruwa, ya ɗauko biro.

"Baba Isyaku, faɗi abin da kake so, ni zan gyara."

"Rubuta musu cewa an ba wani takwas, ni an hana ni shida."

Zakka ya yi murmushi. "Baba, mu bar maganar wani. Mu roƙi a zo a sake auna naka, a faɗa maka iya abin da zai ɗauka. Ita ce maganar da za ta ci."

Haka ya rubuta, shafi biyu, ya kai ofis aka buga masa da keken rubutu, ya ƙi karɓar ko goro. Isyaku ya yi godiya, yana yi yana kallon simintin da ke ƙarƙashin ƙafar mutumin, don ya san abin da ke kwance a wurin.

Sau biyar yana zuwa ana ce masa ya dawo. Ya bar aiki a Utai ya zo, ya bar aiki a cikin gari ya zo. Ya koyi zaman benci, ya san masinja da sunansa. A ƙarshe aka turo safiyo, wani dogo mai suna Bilya, ya zo da tef da tsohuwar taswira. Ya nemi dutsen iyaka bai gani ba, ya tambayi dattawa suka ce su dai shinge suka tashi suka gani. Sai ya auna daga shinge ya tafi.

Ranar Talata aka zauna. Ɗaki ne mai fanka ɗaya, shugaban kwamiti a tsakiya, Bilya a gefe da takardunsa, ga mai unguwa, ga wani Arɗo da aka gayyato saboda magana ta shafi hanyar shanu. Isyaku ya sa rigarsa ta Juma'a. Yana zama sai ga Muhyiddeen ya shigo yana ƙanshin turare, wai ya zo tsaya wa ɗan'uwansa. Kuma da gaske ya zo, wannan ko Isyaku bai musa ba daga baya.

Bayan gaishe-gaishe shugaba ya ce, "Malam Isyaku, mun duba kokenka, kuma kana da gaskiya ta wani fanni. Bai kamata a ce maka a'a kawai a sallame ka ba. Safiyo ya auna. Shida ba za su shiga ba. Amma idan ka ja baya ka bar rata, uku za su zauna daram. Ka kawo sabon zane, mu sa hannu cikin makon nan."

Ɗaki uku! Mutumin da ke kwana yana kauda tabarma saboda yoyo. Uku sun isa su sauke shi daga tsani, sun isa cefane, sun isa maganin gwiwa. Ya yi nasara, irin wadda talaka bai saba yi ba a ofis. Abin da ya rage ya ce na gode ya tashi. Har ya buɗe baki.

Sai Muhyiddeen ya yi dariya ya dafa kafaɗarsa. "Yallaɓai, Allah ya saka da alheri. Uku ma ai sun yi wa bawana yawa. Ɗaya shi, ɗaya cokalinsa, ɗaya ya riƙa saukar ubangidansa idan na zo."

Ɗaki ya ɗauki dariya, har Arɗo. Wasan taubasai ne, kowa ya san shi, an yi wanda ya fi wannan zafi a gidan biki. Amma Isyaku bai ji wasa ba. Uku ya ji, takwas ya gani. Ya ga kansa yana fitowa kowace safiya daga 'yan ɗakunansa uku, inuwar jeren Muhyiddeen ta rufe su, har ya mutu.

"Yallaɓai, ina da tambaya."

"Bismilla."

"Daga ina aka auna?"

Bilya ya ce, "Daga shinge, Baba. Ba mu sami dutse ba."

"To a auna kowa daga dutse. In doka ce, ta hau kan kowa."

Hannun Muhyiddeen ya sauka daga kafaɗarsa. Mai unguwa ya yi gyaran murya, irin wadda ake yi wa mutum don ya dawo hayyacinsa. Isyaku ya ji, ya ƙi.

Shugaba ya ce, "Wane dutse?"

"Yana ƙarƙashin ɗaki na bakwai a gidan wannan. Taku ashirin daga shinge. Ni na gan shi, ni na zuba masa kankare."

Arɗo ya gyara zama, ya jingina sandarsa da bango. Shekara nawa yana faɗa cewa burtalin nan ya tsuke har shanu na gogar juna, ana ce masa ƙorafin Fulani ne. Shugaba ya rufe fayil ɗin da ke gabansa a hankali, ya ce maganar ɗaki uku ta dakata sai an ga dutse.

Isyaku ya fito yana huci kamar wanda ya ci dambe. Ya tabbata shi dai ba abin da zai same shi, domin shanu na zuwa daidai filinsa suke karkata su zagaye wata tsamiya, kuma tun yana yaro ya ɗauka nan burtali ya lanƙwasa. Mutumin da ya shekara talatin yana jan igiya, ranar nan bai tambayi kansa ina ɗaya bakin igiyar zai faɗa ba.

Aka fasa daɓen ɗakin Malam Zakka ranar Alhamis, kayansa na waje a rana, Hannatu na tsaye ta rungume hannu. Dutse ya fito da lambarsa. Bilya ya duba taswira, ya bi lamba, ya sa aka tona can bakin kwari, sai ga ɗan'uwansa. Ya ɗaura igiya daga wannan zuwa wancan. Burtali bai lanƙwasa ba, shanu ne kawai ke kauce wa tsamiya. Igiyar ta yanke ɗaki biyu daga jeren Muhyiddeen, ta wuce ta ratsa filin Isyaku ta bayansa. Abin da ta bar masa tsakaninta da kwari ko akurkin kaji ba zai ɗauka ba.

Isyaku ya bi igiyar nan da ƙafa har ƙarshe, ya dawo. Ya ce a sake ja. Aka sake. Bilya ya ce, "Baba, ka fi ni sanin igiya."

Aka shafa jan fenti a ɗakuna biyu. Zakka ya samo mota ya kwashe kayansa zuwa wani gida can hanyar Gaya. Da zai tafi ya zo ya miƙa wa Isyaku hannu, ya ce Allah ya sa haka ya fi alheri, bai ƙara ko kalma ba. Da ya zage shi da ya fi masa sauƙi. Murja kuwa kwana uku ba ta ce masa komai ba sai "ga abinci". A na huɗu ta ce, "An ba ka uku a hannu, Malam. A hannu." Ta shige ɗaki.

Maganar ta zaga gari kafin Juma'a. Ba wanda ya ce Isyaku ya yi ƙarya, wasu ma sun ce ya kyauta wa makiyaya, kuma gaskiya ne shanu sun sami hanya. Amma shi ya san ba don shanu ya yi ba, gari ma ya sani. Wanda ya yi masa alkawarin aiki a Utai ya aiko cewa an ɗaga. Wani Alhaji da Isyaku ya fara yi wa katanga ya ce siminti ya yanke, bayan kwana biyu aka ga wani magini a kan katangar. Kusan kowane gida a bakin garin nan akwai kunyar gona da aka ci ko lungun da aka haɗiye, wa zai kira mai tona rami ya faɗa? Ya yi wata huɗu yana zaman ƙofar gida, cokalinsa ya fara tsatsa.

Rannan da hantsi sai ga babur ya tsaya. Muhyiddeen ne. Suka gaisa gaisuwar baƙi, lafiya lau, ya iyali, ya aiki. Bai zauna ba.

"Malam Isyaku, na kawo injiniya ya duba shidan da suka rage. Ya ce harsashin da aka yi musu zai ɗauki bene, ya ce bai taɓa ganin irinsa a ƙauye ba. Na sami izini. Tunda an hana ni faɗi, zan yi sama." Ya dafa kan babur ɗinsa. "Ba don kai na zo ba. Don Gwaggo ne da ke kabari, kuma ba na son ginin ya faɗo wa 'ya'yan mutane. In za ka yi, gobe ne."

Isyaku ya so ya ce a'a, har cikin ransa ya so. Ya waiwaya ya ga Murja a bakin zaure tana kallonsa. Ya ce, "Allah ya kai mu."

Haka Isyaku Magini, yana da shekara hamsin da bakwai, ya hau tsanin da ya fi kowane tsayi a rayuwarsa, yana hawa yana cije leɓe saboda gwiwa. Benen farko ke nan a unguwar, mutane na tsayawa a hanya suna ɗaga kai. Ya yi shi daidai da igiya, kamar yadda ya saba, don bai iya wani abu ba.

Wata Alhamis da la'asar yana can sama sai garken farko ya ɓullo, za a kwana a kara. Ya tsaya da cokali a hannu ya ga shanu sun bazu a faɗin sabuwar hanyarsu, suna tafe a natse ta kan gadon uwarsa. Wata saniya ma ta tsaya ta yi fitsari daidai inda ya so ya sa ƙofa. Bai daɗe yana kallonsu ba, ba su ne ke cin ransa ba. Ya juyo ya dubi abin da ke ƙarƙashin ƙafarsa ya ƙirga: shida a ƙasa, huɗu a sama. Ya sake ƙirgawa ko Allah zai sa ya yi kuskure. Goma ne. Ya haɗiye abin da ya haɗiye, ya leƙa ƙasa ya ce a miƙo bulo.